Harshen Da Ya Fara Dawowa: Tarihin Ɗaukewar Magana, Daga Paris Zuwa Bata

A Bata magana jari ce, kuma ba karin magana kawai ba. Mai shago yana iya yin ciniki da Hausa, ya juya ya amsa wa maƙwabcinsa da Turancin buroka, ya kira yaronsa da Ibo ko Yarbanci, duk kafin kwastoma ya gama ƙirga canji. Tarihi ne ya haɗa su a nan. Fagge tun da can masaukin fatake ce, Buzaye da Larabawa. Da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, aka yanka Sabon Gari domin ma'aikata da 'yan kasuwar da suka biyo dogo daga kudu. Shi kansa sunan Bata na baƙo ne, kamfanin takalma da Tomáš Baťa ya kafa a garin Zlín a 1894.

A wuri irin wannan, ciwon da ke raba mutum da kalmominsa yana raba shi da sana'arsa. Bahaushe ya ba ciwon suna da abin da ido ke gani, shanyewar ɓarin jiki. Amma kusan mutum ɗaya cikin uku da abin ya sama yana rasa wani abu da ido ba ya gani: ya san abin da yake son faɗa, kalmar ta ƙi zuwa, ko kuma ya ji ana magana ya kasa kama ma'anarta. Likitoci na kiran wannan afasiya. A unguwa kuwa sau da yawa shafar aljanu ake cewa, ko sammu, ko taɓin hankali. Sai da aka ɗauki dubban shekaru kafin a gane inda matsalar take.

Mafi tsufan labarin daga Afirka ya fito. Wata takardar likitanci ta tsohuwar Masar, wadda ake kira da sunan Edwin Smith, mutumin da ya saye ta a 1862, an kwafe ta wajen shekara 1600 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). A cikinta akwai bayanin wanda ya samu rauni a gefen kai ya kasa magana. Marubucin ya lura da haɗin abubuwan biyu, bai bayyana dalili ba. Sai a 1658 wani likita ɗan Suwizalan, Johann Jakob Wepfer, ya bincika gawarwakin waɗanda suka yanke jiki suka faɗi, ya nuna cewa asalin abin a jijiyoyin jinin ƙwaƙwalwa yake: ko dai jijiya ta fashe jini ya malala, ko kuma ta toshe jini ya kasa wucewa. Wannan rabon gida biyu har yau da shi ake aiki.

A watan Afrilun 1861 aka kai wa likitan tiyata Paul Broca wani majinyaci a asibitin Bicêtre da ke gefen Paris. Sunansa Louis Victor Leborgne, ya shekara 21 a asibitin, kuma kusan duk abin da aka tambaye shi amsarsa guda ce, "tan, tan". Duk da haka yana fahimtar abin da ake gaya masa, yana amsawa da hannu. Bayan 'yan kwanaki ya rasu, Broca ya duba ƙwaƙwalwarsa ya tarar da lalacewa a gaban ɓarin hagu. A cikin shekarar ya sake samun wani tsoho mai suna Lelong, ɗan shekara 84, wanda shanyewar ɓarin jiki ta bar shi da kalmomi biyar kacal, ita ma lalacewar a wuri ɗaya. Zuwa 1865 Broca ya bayyana cewa da ɓarin hagu na ƙwaƙwalwa mutane ke magana. Wannan ne ya warware abin da masu jinya suka daɗe suna gani: wanda hannunsa na dama ya shanye shi ya fi rasa magana, domin ɓarin hagu na ƙwaƙwalwa shi ke juya ɓarin dama na jiki.

A 1874 wani matashin likita Bajamushe, Carl Wernicke, yana ɗan shekara 26, ya bayyana wani nau'in daban. Masu wannan maganarsu na zuba kamar ruwa, sai dai kalmomin a hargitse suke, kuma ba sa kama abin da aka ce musu. Su ne aka fi yi wa kallon mahaukata. A 1885 Ludwig Lichtheim ya zana tsarin da ɗigogi da kibiyoyi: nan wurin sautin kalma, nan wurin furta ta, can ma'ana, ga wayoyin da suka haɗa su. Duk mai rubuta manhajar kwamfuta zai gane zanen da kallo ɗaya. Binciken baya ya nuna ƙwaƙwalwa ta fi haka sarƙaƙiya. Ko ƙwaƙwalwar Leborgne, da Nina Dronkers da abokan aikinta suka ɗauki hotonta da na'urar MRI suka wallafa a 2007, an ga lalacewar ta yi zurfi fiye da abin da Broca ya gani. Amma darasin zanen bai tsufa ba: hanya na iya yankewa alhali hankalin mutum yana nan daram.

Akwai abin da ya fi rikita dangi. Majinyacin da ya kasa kiran sunan ɗansa sai a ji ya amsa gaisuwa da "lafiya lau", ko ya karanta Fatiha ba gargada. Nan take wasu su ce da gangan yake yi, wasu su ce ba shi ne mai maganar ba. Tun 1745 Olof von Dalin ya ba da labarin wani ɗan ƙauye a Suwidin da kalmar "e" kaɗai ta rage masa, amma yana rera waƙoƙin coci da ya haddace. Likitan Ingila John Hughlings Jackson ya bambanta magana iri biyu: wadda baki ya saba har ta zama jiki, da wadda mutum ke ƙirƙira don isar da sabon saƙo. Ta biyun ce ciwon ya fi kamawa. A kan wannan ne masu bincike a Boston suka gina wata hanyar jinya a 1973, inda ake koya wa majinyaci rera jimla kafin ya faɗe ta.

Tambayar da ta fi shafar Bata kuwa, a Faransa aka fara yin ta: idan mai harsuna da yawa ya rasa magana, wanne zai fara dawowa? Théodule Ribot a 1881 ya kawo ra'ayin cewa abin da aka fara koya shi ya fi jure wa ciwo, ke nan harshen uwa. Albert Pitres na Bordeaux a 1895 ya ce a'a, wanda mutum ya fi amfani da shi kafin ciwon. A ɗauki ɗan kasuwar da aka haifa a Onitsha, ya shekara arba'in yana ciniki da Hausa a Sabon Gari. A lissafin Ribot Ibo zai fara dawowa, a na Pitres Hausa. Michel Paradis na jami'ar McGill a Kanada ya tattara rahotanni masu yawa, ya tarar babu ƙa'idar da ta ci kowa: yawanci harsunan tare suke farfaɗowa, wani lokaci ɗaya ya riga ɗaya. A 1982 shi da abokan aikinsa suka ba da labarin wata 'yar zuhudu a Maroko da ta bugu a kai, yau Larabci ya zo Faransanci ya ƙi, gobe su yi musaya. Gwajin da ya fitar a 1987 ya ginu a kan sharaɗin cewa ba a fassara tambayoyi kalma da kalma, sai a sake gina su a cikin kowane harshe.

Hausa na nuna dalilin sharaɗin. Kuka na hawaye da kuka ta miya rubutunsu ɗaya, hawa da saukar murya ke raba su. Binciken Jack Gandour a kan masu magana da harshen Tailan ya nuna lalacewar ɓarin hagu na iya taɓa irin wannan karin sauti mai sauya ma'ana. Gwajin da aka gina a kan Turanci ba zai taɓa tambayar wannan ba.

Najeriya ma ta rubuta nata babin. Farfesa Benjamin Osuntokun da abokan aikinsa sun buɗe rajistar masu shanyewar ɓarin jiki a Ibadan daga 1973 zuwa 1975. Binciken SIREN, wanda ya haɗa asibitocin Najeriya da Gana har da Asibitin Koyarwa na Aminu Kano, ya wallafa a 2018 cewa cikin majinyata 2,118, kashi 68 cikin ɗari toshewar jijiya ce, kashi 32 fashewa, kuma hawan jini ne babban dalili da tazara mai nisa. Ido ba ya bambanta toshewa da fashewa, sai hoton CT, na'urar da aka fara gwadawa a kan majinyaci a Landan a 1971. Allurar narkar da gudan jini, wadda Amurka ta amince da ita a 1996, ana yin ta ne cikin awa huɗu da rabi daga fara ciwon. Saboda haka idan baki ya karkace, hannu ya saki, ko magana ta rikice farat ɗaya, asibiti za a nufa a wannan sa'ar, a yi addu'ar a hanya.

Idan an isa, a gaya wa likita duk harsunan da majinyacin yake ji da wanda ya fi yi kullum. A gida kuma a gwada shi da kowannensu, a taƙaita jimla, a ba shi lokacin amsawa, kada a yi hira a kansa kamar ba ya wurin. Leborgne yana jin duk abin da ake faɗa a gefen gadonsa, shekara 21.