Farfesa Abdu Mumuni Jofo: Ɗan Tasawa Da Ya Nemi Arziki A Cikin Zafin Rana

Cikin mutanen da aka binne cibiyarsu a wannan yanki na Maraɗi, kaɗan ne sunansu ya yi nisan da na marigayi Farfesa Abdu Mumuni Jofo ya yi. An haife shi a garin Tasawa ranar 26 ga watan Yuni na 1929, ko da yake asalin gidansu na sarautar Zabarmawa ne a Kirtashi, bakin kogin Isa. Yau duk ɗalibin da ya shiga babbar jami'ar Yamai yana ambaton sunansa safe da yamma, amma ba kowa ya san wahalar da ya sha ba, balle manufar da ya rayu dominta.

Ya soma lakwal a Damagaram, ya ci gaba a Yamai, sannan aka tura shi makarantar William Ponty ta ƙasar Senegal, inda Turawan mulkin mallaka ke horar da malamai da akawuna. Yawancin waɗanda suka fito daga can a nan karatunsu ke tsayawa. Shi kuwa ya zarce zuwa Paris, ya duƙufa kan ilimin fiziya, wato sanin halayen haske da zafi da motsi. A 1956 ya ci jarrabawar agregasiyo, wadda ita ce mafi tsanani ga masu son koyarwa a tsarin Faransa, ya zama baƙar fata na farko daga ƙasashen rainon Faransa da ya same ta a wannan fanni. A 1967 kuma ya samu babban digirin dokta na ƙasa.

Da irin wannan takarda a hannu, da ya so da ya yi zamansa a Turai cikin jin daɗi. Sai dai tun yana ɗalibi yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar ɗaliban Afirka da ke Faransa, FEANF, masu neman a sallami ƙasashensu. Saboda haka da Gini ta ƙi amincewa da tayin Janar De Gaulle a 1958, Faransa ta kwashe ma'aikatanta, yana daga cikin ƴan Afirka da suka tafi Konakiri domin kada azuzuwa su zauna babu malami.

Daga 1961 zuwa 1964 ya zauna a Tarayyar Sobiyet yana nazarin makamashin rana. A shekarar da ya kammala ne littafinsa mai suna L'Éducation en Afrique ya fito. A ciki ya nuna cewa lakwal ɗin da Bature ya kawo tana raba yaro da gona da sana'ar iyayensa, ya kuma nemi a koyar da yara cikin harsunan da suka sha a nono, a haɗa karatu da aikin hannu. Bayan ya kafa ɗakin binciken makamashin rana a Bamako ta ƙasar Mali, ya dawo gida a 1969, aka ba shi jagorancin hukumar ONERSOL, wadda ya riƙe har 1985.

A nan ne ya gwada abin da ya rubuta. Hujjarsa a fili take: ƙasarmu ba ta da teku, man fetur a lokacin daga nesa ake jigilarsa, itacen girki kuma yana ƙarewa yayin da hamada ke matsowa, amma rana, wadda manomi ke kuka da ita, ba ta yanke mana ko a damina. Shi da ma'aikatansa suka riƙa ƙera na'urorin dafa ruwa: faifan ƙarfe mai baƙin fenti a ƙarƙashin gilashi, da bututu a jikinsa, ruwan da ya yi zafi ya hau tanki da kansa ba tare da famfo ba. Sun yi murhun rana, da na'urar busar da kayan lambu, da ta tace ruwa. Tare da kamfanin Spilling na Jamus kuma ya fito da injin da zafin rana ke tuƙawa, domin jawo ruwa da samar da lantarki. Abin da ya fi dagewa a kai shi ne a yi ƙirar a Yamai, da hannun ƴan ƙasa, don in kaya ya lalace a samu mai gyara a kusa.

A 1979 aka naɗa shi shugaban jami'ar Yamai, ya gaji Farfesa Bubakar Ba wanda ya buɗe ta. Kujerar ba ta raba shi da allo ba, domin ya ci gaba da koyar da fiziya a tsangayar kimiyya har ƙarshen rayuwarsa. Ya rasu a Yamai ranar 7 ga watan Afrilu na 1991, kuma a 1992 aka sa wa jami'ar sunansa.

Gaskiya dai, aikin da ya bari bai samu kulawar da ta dace ba. Shekara da shekaru ƙasa ta dogara ga wutar da ake sayowa daga Najeriya, har aka ga illar haka a watan Agusta na 2023, lokacin da aka katse ta, garuruwa suka shiga duhu. Tashar hasken rana ta Malbaza da aka buɗe a 2018, da ta Gorubanda kusa da Yamai mai ƙarfin megawat 30 da ta soma aiki a 2023, sun tabbatar da hangen nesansa, sai dai kayan aikinsu duk daga waje aka shigo da su. Ke nan rabin wasiyyarsa ne kawai aka cika.

Ragowar tana wuyanmu, iyaye da sarakuna da malamai: mu tura ƴaƴanmu, maza da mata, su koyi kimiyya da ƙira, mu kuma daraja wanda ya dawo gida da abin da ya koyo. Allah ya jiƙan Farfesa Abdu Mumuni, ya ba Tasawa da ƙasa baki ɗaya masu gadonsa.