Gwajin Ƙasa, Daga Hannun Magini Zuwa Ma'aunin Injiniya

Wanda ya ji sunan Garu, can ƙasar Illela kan iyakar Nijeriya da Nijar, ba shi rasa tunawa da gini, gama garu shi ne bangon ƙasa. Ƙasar wannan yanki kuwa ba iri ɗaya ba ce. Akwai jigawa mai rairayi, akwai laka a fadamu, kamar ta bakin tafkin Kalmalo, akwai kuma marmara a kan tuddai.

Sa'ad da Muhammadu Bello ya kafa birnin Sakkwato cikin 1809, magina ba su da ma'auni sai hannu. Magini ya kan ɗebi ƙasa ya jiƙa, ya murza ta a tafinsa. In ta wargaje, rairayi ya yi yawa, gini ba ya tsayawa. In ta yi danƙo ƙwarai, sai ya dunƙula tubali ya shanya. Tubalin da ya tsage ya nuna laka ta rinjaya, sai a surka da jar ƙasa da ciyawa, a tattake, a bar ta ta kwana. Kuskure a nan ba ƙarami ba ne, don damina ɗaya ta isa ta rushe soro a kan masu shi.

A Turai ma da wannan murza aka soma, sai dai su sun sa mata adadi. Cikin 1911 wani masani na ƙasar Suwidin, Atterberg, ya tsara yadda za a murza laka ta yi siriri kamar igiya, a auna ruwan da ke cikinta sa'ad da ta fara kakkaryewa. Cikin 1933 kuma Proctor, injiniyan madatsun ruwa a Amurka, ya nuna kowace ƙasa tana da gwargwadon ruwan da ta ke so kafin ta daɓu sosai. In an rage ba ta haɗuwa, in an ƙara ta yi caɓi. Matan da ke daɓen ɗaki sun daɗe da sanin haka.

Amma madatsa ba ɗaki ba ce. Ta Goronyo, wadda aka gama a kan Gulbin Rima cikin 1984, tudun ƙasa ne mai tsawon kilomita da dama, ba hannun da zai iya laluba shi duka. A irin wannan aiki, bayan an daɓe kowane shimfiɗi a kan haƙa ɗan rami, a auna nauyin ƙasar da aka fitar, a cika ramin da yashi sanannen nauyi don a gane faɗinsa da zurfinsa. In lissafi bai kai ba, sai a kankare shimfiɗin a sake.