Fuskokin da Aka Sassaƙa Don a Ƙona: Waiwaye Kan Tarihin Yup'ik na Alaska

A watan Janairu na 2011, a wani bajekolin kayan tarihi a birnin Niyok, an sayar da wata sassaƙaƙƙiyar fuskar itace, irin wadda ake ɗaurawa a fuska a yi rawa, a kan kuɗi sama da dala miliyan 2. Mutumin da ya sassaƙa ta a bakin kogin Kuskokwim, kimanin shekara ɗari kafin wannan ciniki, da zai ji labari da ya riƙe baki. A al'adarsu ta da, irin wannan fuska ana rawa da ita ne a biki guda, daga nan a jefa ta wuta, ko a kai ta bayan gari a bar wa iska da ƙanƙara. Abin da suke tattali shi ne labari da waƙar da suka zo tare da ita. Yadda aka yi itacen ya tsira, labarin kuma ya kusa salwanta, shi ne abin da nake son mu duba a wannan maƙala.

Da farko dai, su wane ne Yup'ik? Mutane ne da ke zaune a kudu maso yammacin jihar Alaska ta Amurka, a inda koguna biyu, Yukon da Kuskokwim, suke faɗawa tekun Bering. Suna cikin al'ummomin da Turawa suka haɗa suka yi wa kuɗin goro da sunan Eskimo, sunan da wasu daga cikinsu ba sa so a yau. Nasu sunan daga kalmomi biyu ya fito: yuk, wato mutum, da pik, wato na ainihi. Mai karatu ya cire hoton ɗakin ƙanƙara daga ransa, domin su gidajensu na gargajiya rabi a cikin ƙasa suke, an yi musu rufi da itace da ciyawa da ƙasa. Ƙasar tasu fadama ce fetal, kusan babu bishiya, saboda haka itacen da suke sassaƙa da shi wanda ruwa ya kwaso ne ya yar a gaɓa. Abincinsu kifi ne da tsuntsaye da wata dabbar teku mai ɗan kama da ayu, wadda Turawa ke kira sil.

A da, a tsakiyar kowane ƙauye akwai wani babban ɗaki da ake kira qasgiq. Nan maza suke kwana, nan suke aiki, nan suke wankan zafi, nan ake biki. Mata da ƙananan yara suna nasu gidajen, su kawo wa maza abinci. Da zarar yaro ya ɗan tasa sai ya koma qasgiq, kuma makarantarsa ke nan. Dattawa kan yi magana da asuba ko da dare, yara na kwance ko suna zaune shiru, ba a katse babba, ba a yi masa tambaya barkatai. Sun raba labaransu gida biyu: qulirat, labaran zamanin da can can, lokacin da dabba kan iya zama mutum, da kuma qanemcit, labaran mutanen da aka san su, aka san garinsu da zuriyarsu. Bahaushe zai ce ai tatsuniya ce da labari. Kusan haka ne, sai dai da bambanci guda mai muhimmanci. Mu idan an gama tatsuniya mai ba da ita kan amsa da bakinsa cewa ƙarya ya shara, a ɗora wa Gizo laifi. Su kuwa ba sa ɗaukar qulirat a matsayin ƙarya. Mai ba da labarin yana ƙoƙari ya faɗe shi yadda ya ji shi, ba ragi ba ƙari, kuma sau da yawa akwai wani dattijo a gefe da zai gyara masa in ya kauce.

Akwai labari ɗaya da in mutum ya fahimce shi ya sami mabuɗin sauran. Wasu iyaye ne suka so ɗansu ya zama gawurtaccen mafarauci, sai suka kai shi wurin angalkuq, wanda za mu iya kira boka. Bokan ya tura yaron ta wani rami a cikin ƙanƙara, ya je ya zauna shekara guda tare da dabbobin sil a ƙarƙashin teku. Can ya tarar su ma suna da nasu qasgiq, suna zaune daki-daki bisa girma, kuma ta tagar rufin ɗakinsu suna kallon mutanen duniya. Saurayin da ke tashi da sassafe ya share dusar ƙanƙara daga ƙofofin mutane, ya buɗe ramin ɗiban ruwa, ya kula da tsofaffi, suna ganin fuskarsa tar. Malalaci kuwa fuskarsa a rufe take, ba sa ganinsa, ba sa kuma zuwa wurinsa. Da bazara ta yi, yaron ya bi mai masaukinsa suka nufi kwalekwalen mafaraucin kirki, suka ba da kansu aka soke su. Ran dabbar ya koma cikin mafitsararta, ya jira.

Wannan labari shi ne tushen bikin Nakaciuq, bikin mafitsara, wanda a da ake yi a tsakiyar hunturu. Kowane mafarauci kan adana mafitsarar duk sil ɗin da ya kashe a shekara. Lokacin biki sai a hura su, a yi musu fenti, a rataye a qasgiq, a yi musu kiɗa da waƙa da abinci kamar manyan baƙi, sannan a kai su ramin ƙanƙara a sace iskar a tura su ruwa, domin su koma su ba da labarin karamcin da aka yi musu, su sake dawowa baɗi. A ganinsu kowace halitta tana da yua, wato mutumin da ke cikinta, mai ji mai gani. Shi ya sa idan an kawo sil gida akan ba ta ruwan daɗi ta sha, ko da yake ta riga ta mutu. Ba sai mutum ya yarda da wannan aƙida ba kafin ya lura da aikin da take yi: yaro ya taso da sanin cewa abincinsa yana kallonsa.

To, a nan fuskokin suke shigowa. Sunan fuskar kegginaquq, kuma a da an fi amfani da su a bikin ƙarshen hunturu da ake kira Kelek, inda ake gayyato ruhohin dabbobi a roƙe su wadata a shekara mai zuwa. Boka ne ke faɗin abin da ya gani a mafarki ko a tafiyarsa ta ruhi, masassaƙi ya fitar da shi a itace, a shafa farar ƙasa da jar ƙasa, a kafa fuka-fukai. Za ka ga fuskar kifi ko ta tsuntsu, a cikinta ko a bayanta kuma ga wata ƙaramar fuskar mutum tana leƙowa, ita ce yua. Zobban itace da ke kewaye da fuskar suna nuni da sassan duniya. Hannuwan da ke fitowa daga gefe sau da yawa ba su da babban yatsa, ko kuma an huda tafinsu, kuma bayanin da aka fi bayarwa shi ne domin wasu dabbobin su zille, kada a kama duka. Wasu fuskokin saboda girma sai an rataye su daga rufi mai rawa ya tsaya a baya. Da yawa kuma bibbiyu ake yin su, a yi rawa da su tare, ana buga wata ganga mai faɗi kamar bandiri. Kowace fuska da waƙarta da labarinta, kuma wanda ya yi ta ne kaɗai zai iya faɗin ma'anarta a gaban jama'a. In biki ya ƙare aikinta ya ƙare.

Rushewar wannan tsari ba ta ɗauki dogon lokaci ba. Rashawa sun kafa sansanin ciniki a St. Michael a 1833, kuma a 1838 zuwa 1839 cutar agana ta yi ɓarna a yankin. A 1867 Rasha ta sayar wa Amurka da Alaska a kan dala miliyan 7.2, ba tare da an tambayi mazauna ƙasar ba. 'Yan mishan na cocin Moraviya sun kafa Bethel a 1885, 'yan Katolika suka biyo baya a 1888. Jagoran mishan na Bethel, John Kilbuck, shi kansa ɗan asalin ƙasar Amurka ne daga ƙabilar Delaware, ya koyi harshen sosai, amma ya tsaya kai da fata cewa rawar fuskoki bautar gumaka ce. Sai kuma annobar mura da ƙyanda ta 1900, wadda ta share ƙauyuka, ta 1918 zuwa 1919 ta zo ta ƙarasa. A al'ummar da littafinta yake cikin kan tsofaffi, mutuwar tsofaffi a wata guda gobara ce a ɗakin karatu. Bokaye sun kasa tsayar da cutar, marayu suka koma hannun mishan da makarantun kwana inda ake hana su yarensu. A yankunan Moraviya rawa ta mutu ɗungurungum, a na Katolika ta ci gaba amma yawanci babu fuskoki. Tsibirin Nunivak, saboda nisansa, ya riƙe bukukuwansa har wajen 1940.

A daidai wannan lokaci ne masu tara kaya suka iso. Edward Nelson, ma'aikacin duba yanayi da ya zauna a St. Michael daga 1877 zuwa 1881, ya tara wa cibiyar Smithsonian ta Washinton kaya kusan 10,000. Mutanen yankin suka laƙaba masa suna mai sayen tarkacen banza, kuma ta fuskarsu gaskiya suka faɗa, tunda abin da za a ƙona yake biya ya ɗauka. Johan Adrian Jacobsen, ɗan ƙasar Nowe, ya zo a 1882 zuwa 1883 yana saya wa gidan tarihin Balin. Wani ɗan kasuwa a Bethel, Adams Hollis Twitchell, ya tara fuskoki daga ƙauyen Napaskiak ya sayar wa attajirin Niyok George Heye, ya ma ɗan rubuta sunayen wasu, kamar fuskar iskar arewa. Yawancin sauran kuwa sun shiga akwati da lamba da sunan gari kawai.

Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, wasu masu zane da marubuta na Turai da suka gudu zuwa Niyok, 'yan tafiyar nan ta Suriyalizim masu neman fasaha a cikin mafarki, suka ci karo da fuskokin a shagon wani dillali, Julius Carlebach. André Breton da Max Ernst da Enrico Donati da masanin al'adu Claude Lévi-Strauss duk sun yi ta zarya a shagon. Gidan tarihin Heye na cikin matsin kuɗi, sai ya riƙa sayar da abin da yake gani maimaici ne. Fuskoki biyu da aka yi don su yi rawa tare, sai a ce ai iri ɗaya ne, a ajiye ɗaya a sayar da ɗaya. Wadda aka sayar a 2011 daga ɗakin zanen Donati ta fito. A gaskiya waɗannan mutane sun ga kyan abin tun kafin manyan gidajen fasaha su gani, wannan ba a ƙwace musu ba. Amma mafarkinsu suka karanta a jikin itacen, kuma ni a ganina yabon da bai san sunan mai abu ba rabin yabo ne.

Juyin ya fara ne daga ƙauyuka. A 1982 garin St. Mary's ya kira bikin rawa na ƙauyuka da dama, raye-raye suka fara farfaɗowa. Daga baya masaniyar al'adu Ann Fienup-Riordan da mai fassara Marie Meade, wadda ita 'yar Yup'ik ce, suka bi dattawan da suka ga bukukuwan da idonsu suna yara, suna nuna musu hotunan fuskokin suna naɗar abin da suka tuna. Sakamakon shi ne nunin da aka kira Agayuliyararput, ma'ana hanyarmu ta yin roƙo. Abin da ya fi burge ni shi ne inda aka buɗe shi a Janairun 1996: ƙauyen Toksook Bay, a tsakiyar hunturu, aka ɗauko fuskokin a jirgin sama, kafin su wuce Bethel da Anchorage da Niyok da Washinton. A 1997 kuma tawagar dattawa, cikinsu da Paul John na Toksook Bay, suka yi mako uku a gidan tarihin Balin suna ɗaukar kayan Jacobsen ɗaya bayan ɗaya, suna faɗin sunan kowane abu da amfaninsa, wani ya tuno musu waƙa, wani labari. Ba su dage sai an ba su kayan ba. Abin da suka fi nema shi ne a rubuta bayanin da yarensu, ya koma gida wurin jikokinsu.

Mu da muke jami'o'in Turai da Amurka mun saba jin malamai suna ɗaga hanci idan an ce hujjar mutum labarin baka ce. Ƙauyen Quinhagak ya ba da amsa mai kyau. Dattawansa sun daɗe suna ba da labarin zamanin yaƙin kwari da baka, wanda suka ce ya samo asali daga wasan yara biyu: ɗaya ya tsone wa ɗaya ido da 'yar kibiyar wasa, uban mai laifi ya ce a rama a kan ɗansa, uban wanda aka ji wa ciwo ya wuce gona da iri ya tsone ido biyu. Sun kuma ce akwai wani tsohon gari kusa da su da abokan gaba suka ƙone da mutanensa a ciki. A 2009, ganin teku na cinye gaɓa, mutanen ƙauyen suka gayyato masu haƙar kayan tarihi daga jami'ar Aberdeen ta Sikotilan zuwa wurin da ake kira Nunalleq. Ƙasa mai daskarewa ta adana komai: igiyoyin ciyawa, kwanduna, 'yan tsana, fuskokin itace. A saman duka kuwa ga ƙonannen gida, ga kan kibau, ga ƙasusuwan mutane, kuma awo ya nuna abin ya faru wajen tsakiyar ƙarni na 17. Labarin ya yi sama da shekara 300 yana yawo daga baki zuwa baki.

Wannan karon kayan ba su tafi sun ɓace ba. An gyara su a Aberdeen aka dawo da su, kuma a 2018 aka buɗe musu gidan tarihi a cikin Quinhagak, mallakar mutanen garin. Matasan ƙauyen, wanda yankin Moraviya ne, sun kafa ƙungiyar rawa bayan kusan ƙarni guda ba a yi ba. A watan Oktoba na 2025 ragowar guguwar Halong ta afka wa gaɓar, ta rushe gidaje a Kipnuk da Kwigillingok har aka kwashe mutane a jiragen sama, ta kuma yanke wani ɓangare na Nunalleq ta watsa kayan da ba a kai ga haƙowa ba a kan rairayi, mutanen gari suka fita suna tsincewa kafin ƙanƙara ta rufe.