Kunkurun akwati: Halittarsa, kiwonsa da barazanar fatauci

Kunkurun akwati na jinsin Terrapene ne, a dangin Emydidae, kuma asalinsa ƙasashen Amurka da Meziko. Ya samo sunansa daga wata gaɓa da ke ƙoƙon cikinsa, wadda ke ba shi damar rufe jikinsa ruf idan ya ji haɗari. Yana cin tana, ƙwari da 'ya'yan itatuwa, yana kuma iya haura shekara 50.

Sai dai yana jinkirin balaga, ƙwansa kaɗan ne, shi ya sa kamun 'yan fatauci ke saurin rage yawansa. A 1994 yarjejeniyar CITES ta taƙaita cinikinsa tsakanin ƙasashe.

Kiwonsa na buƙatar ƙasa mai danshi, inuwa, hasken rana da ruwa marar zurfi.