Daga kaset zuwa memori: hanyar da fim ya bi zuwa yammacin Zamfara

A farkon Satumban 2021 aka kashe layukan waya a jihar Zamfara baki ɗaya, don a toshe wa 'yan bindiga hanyar sadarwa. Bayan rashin jin muryar dangi, mutanen Anka da Gummi da Bukkuyum sun rasa wani abu da ake jin nauyin ambatonsa a lokacin tashin hankali: ci gaban Izzar So, wanda Lawan Ahmad ke saki a YouTube mako-mako. Amma kallo bai tsaya ba, domin tun asali ba ta intanet fim ya shigo yankin ba.

Ta kasuwa ya shigo. Ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, kuma kafin shekara goma kaset ɗin bidiyo ya zama haja kamar atamfa. 'Yan kasuwa su saro a Kano, a sauke a Gusau, a biyo motocin Anka da Gummi da shi. Mai bidiyo da janareta shi ne sarkin unguwa, yara kuwa ta taga suke leƙe. Da aka ƙaddamar da shari'a a 1999, malamai sun yi ta sukar rawa da waƙar da Sangaya ya yayata, amma kaset ya riga ya shige ɗakunan matan aure, inda wa'azin bakin kasuwa ba ya kaiwa.

Faifan CD ya kori kaset, memori ya kori CD. Mai tura finafinai ya kafa kwamfuta kusa da mai cajin waya, ka miƙa 'yan canji ya cika maka. Wannan tsohuwar hanya aka koma wa a 2021: wanda ya ƙetara jihar Sakkwato ko Kebbi neman sabis ya sauko da sabon fitowa, a raba ta Xender.

A ganina a nan asarar take. Zamanin kaset, kuɗin mutumin Gummi yakan koma Kano, ko da kaɗan ne. YouTube kuwa kallon da ya ƙirga kaɗai yake biya, kuma ba ya ƙirga abin da aka tura daga waya zuwa waya. Mutum ɗaya ya sauke, unguwa guda ta kalla, furodusa ya ga mutum ɗaya a lissafinsa.