Maita a Ƙasar Hausa: Jiya da Yau

Abin da za mu duba a yau shi ne yadda Bahaushe ya ɗauki maita tun zamanin da, da kuma wanda zargin ya saba faɗa wa.

A wurin mutanen da, maye mutum ne kamar kowa, sai dai an ce yana da ƙanƙara a cikinsa wadda yake kama kurwar mutane da ita. An ce kurwar takan bayyana gare shi da siffar 'yar dabba ko tsuntsu, ya kama ya ɓoye, mai ita kuwa ya kwanta ciwo. Galibi an ɗauka a nono ake shan maita, watau gado ce ta wajen uwa. Saboda haka in aka zargi mace guda, 'ya'yanta mata sun shiga uku, domin samun mijin aure yakan gagare su.

Turawa sun rubuta wasu daga cikin waɗannan al'adu, kamar Tremearne a 1914, da Greenberg wanda ya yi nazarin Maguzawan Kano a littafinsa na 1946. Daga baya Pamela Schmoll, wadda ta yi bincike a yankin Maraɗi, ta nuna a 1993 cewa mutane sun fara maganar maitar da ake saye da kuɗi, dabam da ta gado. Ashe camfi ma yana bin zamani: da kuɗi suka zama abin tsere, sai maye ya koma mai neman dukiya da rayukan 'yan'uwansa.

To, ta yaya ake gane maye? Sau da yawa daga bakin majinyaci ne. Zazzaɓi ya yi zafi, yaro ya shiga sambatu ya ambaci sunan wata tsohuwa, shi ke nan magana ta ƙare. Alhali kuwa likitoci sun tabbatar cewa zazzaɓin cizon sauro in ya taɓa ƙwaƙwalwa, haka kuma sanƙarau, suna sa sambatu. A da, sai a tilasta wa wadda aka ambata ta tsallake majinyacin don ta saki kurwarsa, ko a kira Sarkin Mayu ya shiga tsakani. In ya warke an ce ta saki, in ya mutu an ce ta cinye. Ko ta ina dai ba ta da mafita. Da wuya kuma a ji an ambaci attajiri ko basarake. Tsohuwa marar gata, da baƙo, da matalauci su ne ke shan wannan ƙazafi.

Dokar laifuffuka ta Jihar Arewa, wadda ta fara aiki a 1960, ta haramta wa mutum ya kira kansa maye, ta kuma haramta zargin wani da maita. Duk da haka, a 2023 aka kashe wata tsohuwa a gonarta a yankin Wudil, saboda wata marar lafiya ta yi mafarki da ita. A 2025 Babbar Kotun Jihar Kano ta yanke wa mutum 5 hukuncin kisa kan wannan ta'asa.

Hausawa sun ce in maye ya manta, uwar ɗa ba ta manta ba. Baƙin cikin uwa gaskiya ne, amma maganinsa yana asibiti. Wajibinmu ne mu masu ilmi mu kai wannan bayani ƙauyukanmu kafin a sake ambatar sunan wata.