Kwarin Telwa da hanyoyin Azbin: daga ayarin gishiri zuwa yawon buɗe ido

1. Gabatarwa

Idan ana zancen Azbin a wurin masu tarihi, galibi birnin Agadas ake nufi, da sarautarsa da masallacinsa. Kwarin da ya shayar da birnin ba safai ake tsayawa a kansa ba. Wannan ƴar maƙala tana so ta dubi kwarin Telwa, wanda taswirorin Faransa ke rubutawa Teloua, ta fuskoki uku: yanayin ƙasarsa, hanyoyin da suka ratsa shi, da irin mutanen da suka bi hanyoyin nan zamani bayan zamani. Abin da muke son nunawa shi ne, hanyar madugu da ta soja da ta mai yawon buɗe ido kusan guda ce, domin ruwa ne ya shata ta. Abin da ya riƙa sakewa shi ne mai cin amfaninta da kuma harshen da ake kiran wuraren da shi.

2. Ƙasa da ruwa

Azbin, wanda Abzinawa ke kira Ayar, tarin duwatsu ne a arewacin Nijar. Ƙololuwarsa tana kan dutsen Bagzan, mita 2022 bisa teku, alhali Agadas tana wajen mita 500. Wannan bambancin tudu shi ne tushen kome. Ruwan sama a Agadas bai cika kai milimita 200 a shekara ba, amma ɗan abin da ya zuba bisa dutse ba ya nutsewa, sai ya gangaro ya taru cikin kwari. Telwa tana tattara ruwan kudancin duwatsun, ta bi ta Dabaga, mai nisan kilomita 40 da ɗoriya daga Agadas, ta wuce Azzel, ta gitta arewacin birni, sannan ta watsu cikin faƙon Irhazer.

Ba gulbi ba ne mai gudu kullum. Tsakanin Yuli da Satumba take kawo ruwa, wani lokaci na ƴan awoyi, wani lokaci na ƴan kwanaki. Sauran shekara yashi ne fari. Sai dai ruwan da ya nutse cikin yashin yana kwance kusa, shi ya sa goruba da dabino suka yi jere a gaɓa biyu, aka kuma haƙa rijiyoyin garake. Tsohuwar dabarar ban-ruwa ita ce takarkart: sa ko raƙumi ya ja guga ta kan kwarkwaro, ruwa ya zube cikin kwararo ya bi fangali. Da ita aka noma alkama da masara, daga baya tumatir da albasa.

3. Sunaye

Ga mai nazarin harshe, kwarin ya tara sunaye hawa-hawa. Kalmar kori, wadda masanan ƙasa na Faransa suka ɗauka suna kiran duk wata magudanar damina da ita, daga Hausa ake danganta ta, kuma tana kusa da kwari. Da Tamajak kuwa eghazer ake cewa, wanda shi ne ya zama Irhazer a kan taswira, tun da rubutun Faransanci ba shi da harafin wannan sauti na maƙogwaro, sai ya sa rh ko gh. Haka agelmam, wato kududdufin da ke tsayawa cikin dutse, ya zama aguelman, anu kuwa, rijiya, ya zama anou. Wanda ya koyi sunayen nan daga taswira, in ya faɗe su gaban makiyayi, sau da yawa ba a gane inda yake nufi.

Aro ya bi hanya biyu. Hausa ta karɓi raƙumi da takobi daga harsunan Abzinawa da danginsu. Fadar Agadas kuwa tana da muƙamai masu sunan Hausa, kamar Sarkin Turawa, mai kula da fataken Larabawa. Akwai kuma hawa na uku da ya ɓace: lokacin da Heinrich Barth ya shiga Agadas a watan Oktoba na 1850, ya tarar mutanen birni suna magana da wani reshe na Soŋai, ɗan'uwan Tasawak na Ingal. Yau Hausa ce harshen kasuwa da unguwa.

4. Zamanin ayari

Labaran gargajiya na Gobirawa sun ce a Azbin suka zauna kafin su gangara kudu. Sarautar Ayar an kafa ta a farkon ƙarni na 15, ta kuma zauna Agadas cikin wannan ƙarni, kamar yadda Djibo Hamani ya bayyana a littafinsa na 1989. Zaɓen wurin ba banza ba ne: nan ne bakin kwari, inda hanyar dutse ke haɗuwa da ta fili, kuma inda ayari zai iya shayar da ɗaruruwan raƙuma. Wannan matsayi ne ya jawo Askiya Muhammadu na Soŋai ya kai wa birnin yaƙi a farkon ƙarni na 16.

Tafiyar Kel Ewey, mutanen Timiya da kewaye, kusurwa uku gare ta. Da kaka su tashi gabas, su ƙetare Tenere zuwa Fashi da Bilma, su ba da hatsi su karɓi kantun gishiri da dabino. Su komo Azbin su huta, sannan su nufi kudu, Damargu da Damagaram da Tasawa da Katsina da Kano, inda suke cin rani, su sayar da gishiri, su sayi gero da tufafi. Kafin damina su koma gida. Barth kansa da irin wannan ayari ya bar Azbin a ƙarshen 1850, ya isa Kano a Fabrairu 1851. Cikin duwatsu kuwa ba a bin hanya sai ta cikin kwari, domin nan ne rijiya da inuwa da abincin dabba suke. Zango ɗaya zuwa na gaba, nisan rijiya ne da rijiya. Kangon Asode, tsohon birni da ke arewa da Timiya, shaida ne cewa wannan hanya ta taɓa ɗaukar birane.

5. Zamanin soja

Nasara ma bai ƙirƙiro wata hanya ba. Rundunar Foureau da Lamy ta sauka Iferwan a farkon 1899, ta sha wuyar rashin raƙuma, ta iso Agadas a watan Yuli, ta wuce Damagaram. Daga 1906 aka kafa bariki na dindindin. A Disamba 1916 Kawsan, tare da goyon bayan Sarki Tagama, ya kewaye barikin, har zuwa farkon Maris 1917 lokacin da taimako ya iso daga Damagaram. Ramuwar da ta biyo baya ta yi muni: an kashe malamai a Agadas, an kwashe dabbobi, an koro mutane daga duwatsu. Ɗan Ingila Francis Rodd, da ya zaga Azbin a 1922, ya tarar da ƙauyuka da garake da yawa ba kowa. Ya kamata mai ganin kango a kwarurukan nan ya san cewa ba dukansu ne fari ya tashe su ba.

Bayan samun mulkin kai, hanyar kwalta ta Tawa zuwa Arlit, wadda aka yi don yuraniyom, ta bi ta yammacin duwatsu. Kwarin ya tsaya da hanyar yashi, wadda ruwa ke yankewa kowace damina.

6. Zamanin buɗe ido

Farin 1973-1974 da na 1984-1985 sun karya garkunan dabbobi. Makiyaya da yawa suka koma garka, wasu kuma suka sayar da abin da fari bai iya ɗauke musu ba, wato sanin hanya. Tseren motoci na Paris-Dakar ya ratsa Agadas tun 1979, ya kai sunan birnin gidajen Turai. Mano Dayak da kamfaninsa Temet Voyages suka yi fice wajen kai baƙi. A 1988 aka keɓe gandun Ayar da Tenere, mai faɗin eka miliyan 7,7 ta ma'aunin hekta, UNESCO kuma ta sa shi cikin kayan gadon duniya a 1991. Ƙasan Telwa ba ya cikin gandun, amma shi ne ƙofa: daga Agadas a bi Azzel da Dabaga, a hau Elmeki, a kwana Timiya wurin magangarar ruwa da garaken lemu da rumman, a wuce Asode zuwa Iferwan. Masu son tafiyar ƙasa su hau Bagzan da jakuna. Zangunan duka na ayari ne, jagora kuma sau da yawa ɗan madugu ne.

Wannan sana'a ba ta jure tashin hankali. Tawayen 1990-1995 ya tsayar da ita, gandun ya shiga jerin wuraren da ke cikin haɗari a 1992, Mano Dayak ya rasu a hatsarin jirgi a Disamba 1995. Ta farfaɗo, har aka soma bikin Ayar a Iferwan a 2001. Tawayen 2007-2009, wanda ya soma da harin Iferwan, da satar ma'aikata a Arlit a 2010 suka sake karya ta. Shigar tsohon birnin Agadas cikin gadon duniya a 2013 bai maido baƙi yadda suke da ba. Direbobi da jagorori da yawa suka koma jigilar masu ƙaura zuwa Libiya, ko haƙar zinariyar da aka gano a arewa daga 2014.

Ba daidai ba ne a ɗauka shaƙatawa a kwarin ta baƙi ce kawai. Mutanen Agadas suna fita kallon ruwa ran da Telwa ta kawo, suna yini a inuwar garake, masu ciwon gaɓoɓi kuma suna zuwa maɓuɓɓugar ruwan zafi ta Tafadek. Wannan bai taɓa jiran jirgin Turai ba.

7. Kammalawa

Abin da ya ɗore cikin zamunan nan uku shi ne ruwan yashi, kuma shi ne yake cikin matsi. Injin ban-ruwa ya maye gurbin takarkart, noman albasa ya faɗaɗa, birni ya girma har ya shiga magudana. Ambaliyar farkon Satumba 2009 ta rushe dubban gidaje a Agadas. Ta fuskar fanninmu, akwai aikin da ke jiran ɗalibai: a bi kwarin daga Azzel zuwa sama, a ɗauki sunan kowace rijiya da zango daga bakin tsofaffin madugai da masu garka, da Tamajak da Hausa, a rubuta su bisa ƙa'idar harsunan, a kuma gwama su da na taswira. Sunayen nan suna faɗin inda ruwa yake da, da wanda ya haƙa, da wanda yake da hakkin sha. Masu riƙe da su kuwa ƙaruwa ba sa yi.